Masu yi wa Boeing dariya ku ɗan dakata

Tun da 'yan sama jannatin Amurka Butch Wilmore da Suni Williams suka dawo duniya a watan Maris na 2025 ake ta yi wa kamfanin Boeing ba'a, wai an ɗauki mutum biyu a kumbonsa Starliner tafiyar kwana 8 sun ɓige da kwana 286 a tashar sararin samaniya, ƙarshe ma kumbon SpaceX ne ya dawo da su. To gaskiya Boeing ya kwafsa, ba mai musu. A 2014 NASA, hukumar sararin samaniyar Amurka, ta ba shi kwangilar dala biliyan 4.2, SpaceX aka ba shi biliyan 2.6 kawai, amma sai ga wanda aka ba kaɗan ɗin tun 2020 yake jigilar 'yan sama jannati, shi kuwa Starliner na Boeing gwajin farko a 2019 agogon cikinsa ya saɓa da awa 11, ko tashar bai kai ba, da aka saka mutane a watan Yunin 2024 kuma sai iskar hiliyam ta fara zurarewa, ƙananan injina 5 cikin 28 masu juya kumbon suka ɗauke ana dab da isa.

Ni dai hukuncin NASA na dawo da shi ba kowa a ciki ya yi min daidai. Kumbon ya sauka lafiya a New Mexico a watan Satumba, wasu suka ce ai da an bar su sun hau. Haba. Hukumar da ta rasa mutum 7 a kumbon Challenger a 1986, ta sake rasa 7 a Columbia a 2003, duk bayan injiniyoyi sun yi ƙorafi an yi musu kunnen uwar shegu, ita za a ce ta yi caca da rai don kar kamfani ya ji kunya?

Amma inda nake jin tsoro daban ne. In Starliner ya mutu murus, Amurka ta koma hannun mutum ɗaya, wato Elon Musk mai SpaceX. Kuma sun ɗanɗana irin wannan fa, daga 2011 da suka ajiye kumbonsu Space Shuttle har 2020 kumbon Soyuz na Rasha suke hawa, kujera ɗaya sai da ta haura dala miliyan 80, Rasha na ƙara kuɗi yadda ta ga dama. Dalilin da ya sa aka raba kwangilar gida biyu kenan tun farko. Garin da motar haya ɗaya ke shiga ai direba ne sarki.

Kuma ba hasashe nake ba, a watan Yunin 2025 da Elon Musk suka yi cacar baki da Trump, fitowa ya yi a X ya ce zai fara jingine kumbon Dragon na SpaceX, bayan 'yan awanni ya janye. Ko wasa yake ko da gaske, a ranar Amurka ba ta da wani kumbonta da ta amince ya kai mutum tashar.

Saboda haka ni a ganina NASA ta matsa wa Boeing ya gyara injinan nan, ya sake tashi ba mutane a ciki a gani da ido, asarar kuma ta kamfani ce tunda kuɗin kwangilar a ƙayyade yake, ya riga ya yi asarar kusan dala biliyan 2. Matsalar lokaci ne, tashar kanta a 2030 ake shirin yi mata ritaya.