Mun riƙe sunayensu, mun bar waƙoƙinsu

Shekarun baya an gayyace ni wani taron matasa in yi magana a kan ilimin 'ya'ya mata. Na tashi na cika bakina da sunan Nana Asma'u 'yar Shehu, na ce malama ce, mawaƙiya ce, fitilar mata ce, aka yi ta tafi. Da aka watse, wata dattijuwa da ke zaune can gefe da carbi a hannu ta yafito ni. Na je na durƙusa na gaishe ta. Ta ce, "Ɗan nan, Allah ya yi maka albarka, ka yabi Nana. To ja mini baiti ɗaya cikin waƙoƙinta in ji." Na yi tsuru-tsuru. Ba ta ce mini komai ba, sai ta gyara mayafinta ta fara rera Tabbat Haƙiƙa da 'yar muryarta mai rawa, baiti na bin baiti, tana jan amshin nan da kowane baiti ke ƙarewa da shi. Ni mai takardun makaranta ina durƙushe gabanta, ban san ko ɗango ɗaya ba.

'Yan'uwana matasa, na ba ku labarin nan ne domin na san da yawanmu haka muke. Muna ɗora sunan Nana Asma'u a kan makarantu da ɗakunan kwanan ɗalibai, muna jawo shi duk ranar da gardama ta tashi a Facebook kan ko mace za ta yi karatu, amma abin da baiwar Allahn nan ta zauna ta rubuta da hannunta, mun bar wa tsofaffi da masu neman digiri. Hausawa sun ce waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi. Mu kuwa mun wadatu da jin labarin waƙar a bakin wasu.

An haife ta a Ɗegel a 1793, ta rasu a Sakkwato a 1864, ta bar ayyuka kimanin sittin da Larabci da Fulatanci da Hausa. Ita Tabbat Haƙiƙa ɗin ma asalinta ta mahaifinta ce, Shehu Usmanu, da Fulatanci. Nana ce ta mayar da ita Hausa domin talakawa su ji gargaɗin da aka yi wa mai mulki da alƙali da ɗan kasuwa da harshen da suke fahimta. Tana da wata waƙa da ta jera sunayen surorin Alƙur'ani 114 cikin baitoci talatin kacal, don macen da ba ta riƙe allo ba, ita ma ta riƙe su a ka. Ku dubi wannan dabara da kyau. Ba don a ce ta iya waƙa ta yi ba, darasi ne ta ɗaure cikin kari da amsa-amo yadda ba zai zube a hanya ba. Matan nan da ake kira jajoji su ne ke zuwa wurinta, ta naɗa su da malfa, su koma ƙauyuka da waƙoƙin a ƙirjinsu su koyar da 'yan taru, wato matan da ke taruwa don ɗaukar karatu.

Amma idan kuna son ku san ta a matsayin mutum, ku nemi marsiyyoyinta. Ta yi wa ɗan'uwanta Muhammadu Bello da ya rasu a 1837, ta yi wa mijinta Waziri Giɗaɗo, ta yi wa aminiyarta A'isha. A nan ne za ku ji malamar da muke ɗauka kamar dutse tana kukan rashin ƙawa kamar kowace mace. Abin da ya fi taɓa ni, idan tana yabon mamaci ba ta cika tsayawa kan sarauta ko nasarar yaƙi ba, haƙuri take ambata da kyauta da sada zumunci. Wanda ya karanta su a natse zai tambayi kansa me za a ce da shi ranar da ya kau.

Ayyukan nata suna nan a tattare. Jean Boyd, wadda ta shafe shekaru a Sakkwato tana bin takardun gidan Waziri Junaidu, ita da Beverly Mack sun fitar da babban kundi a 1997 mai suna Collected Works of Nana Asma'u, da matanin waƙoƙin da fassararsu. Tarihin rayuwarta kuma yana cikin The Caliph's Sister da Boyd ta wallafa a 1989. Shawarata, ku fara da waƙoƙin, tarihi ya biyo baya. Wanda ya fara da sharhi yakan shiga waƙa da idon wani. Sannan kada ku tsaya nan kamar daga Nana alƙalami ya bushe. Akwai Alƙalami a Hannun Mata, na waƙoƙin Hauwa Gwaram da Hajiya 'Yar Shehu, da aka buga a Zariya a 1983. Mata ne da suka yi waƙa kan lafiya da yaƙi da jahilci da al'amuran ƙasa a zamanin iyayenmu, kuma matasa nawa ne cikinmu suka taɓa jin sunansu?

Masu Larabci a cikinku ba ku da uzuri ko kaɗan. Diwanin Khansa'u yana nan, matar da ta yi ta kukan ɗan'uwanta Sakhru har marsiyya ta zama kamar da sunanta aka yi ta. Imam Suyuɗi, wanda malamanmu ba sa rabuwa da littattafansa, ya tattara waƙoƙin mata cikin Nuzhatul Julasa'i fi Ash'arin Nisa'i. Idan malami irinsa bai ga ɓata lokaci a wannan aiki ba, kai saurayin da ke cewa waƙar mata karatun mata ce, da wace hujja? A nan zan ɗan ja kunne kan Rabi'atul Adawiyya ta Basra. Ba ta bar littafi da hannunta ba, na baya ne suka ruwaito abin da ake jingina mata. Saboda haka ba kowane zance mai daɗi da aka liƙa wa sunanta a hoto ana turawa a waya ne za ku karɓa ba. Ku tambayi inda aka samo shi.

A wannan ƙarnin da ya wuce, ku karanta Nazik al-Mala'ika ta Iraƙi. A 1947 annobar kwalara ta afka wa Masar, ta ji labarin gawarwaki a rediyo, sai ta ga tsohon tsarin baiti mai ɗango biyu daidai wa daida ba zai ɗauki wannan tashin hankali ba. Ta karya shi, ta rubuta waƙar da ake lissafawa cikin na farko na sabon salon waƙar Larabci. Sai Fadwa Tuƙan ta Nablus a Falasɗinu, wadda aka cire daga makaranta tana yarinya saboda wani yaro ya miƙa mata fure a hanya. Yayanta Ibrahim, shi ma mawaƙi, ya zaunar da ita a gida yana koya mata waƙa. Ta ba da labarin da kanta cikin Rihlatun Jabaliyya, Rihlatun Sa'aba. Ina roƙon duk wanda yake da ƙanwa ya karanta littafin nan, ya ga abin da yaya ɗaya ya tsare da zama kusa da ƙanwarsa.

Daga nesa kuma akwai Phillis Wheatley, wadda aka sato daga Afirka ta Yamma tana 'yar shekara bakwai ko takwas, aka sayar a Boston a 1761, har sunan jirgin da ya kawo ta aka laƙaba mata. Da za a buga littafinta a Landan a 1773, sai da manyan garin su goma sha takwas suka sa hannu cewa lallai ita ta rubuta, don mutane sun ƙi yarda baiwa baƙar fata za ta iya.

Wadda na fi komawa gare ta ita ce Anna Akhmatova ta Rasha. A zamanin Stalin an kama ɗanta, ta yi wata goma sha bakwai tana bin layin ƙofar kurkuku a Leningrad tare da sauran uwaye. Waƙar da ta yi kan wannan, Requiem, ajiye ta a takarda zai iya jawo mata halaka. Sai ta rubuta 'yan baitoci a ƙyallen takarda, ta miƙa wa aminiyarta, ita kuma ta haddace a take, sannan a ƙone takardar. Shekara da shekaru waƙar tana zaune a ƙirjin mutane ƙalilan. Duk sanda na tuna wannan sai dattijuwar nan mai carbi ta faɗo mini a rai. Ita ma ajiya take ɗauke da ita, kuma ranar nan ta leƙa ko akwai wanda za ta miƙa wa, ta same ni hannu wofi.

Ku 'yan'uwa mata da ke rubuta waƙa a waya kuna gogewa don kunya, ku sani kuna da iyayen gida a wannan fage, ku je ku zauna gabansu ku ga yadda suke ɗaure baiti. Ban ce a karance duk waɗannan a wata guda ba. Ɗauki mace ɗaya, waƙa ɗaya, a karanta da murya a fili domin waƙa ba a yi ta don ido kaɗai ba, a maimaita har ta zauna. Idan akwai tsohuwa a gidanku ko unguwarku da ta riƙe irin waɗannan waƙoƙi, ku je da waya ku ɗauki muryarta tun tana da ƙarfin rerawa. Ni na koma neman tawa dattijuwar bayan shekara biyu, da baitoci goma da na haddace zan ja mata, aka ce mini ta rasu da azumi.