Ku rage kiɗan nan, kunne ma yana kallo

Gaskiya abin da ke damuna da gajerun finafinan da matasanmu ke ɗorawa a YouTube da TikTok shi ne kiɗa. Hoto ya fita tas, amma daga farko har ƙarshe an zuba fiyano mai sa tausayi ya danne komai, ka rasa a ɗaki ake ko a kasuwa, ga surutu kuma, kowa sai ya faɗi abin da ke ransa da baki kamar mai kallo ba zai gane ba.

Tun 1930 fa wani Bajamushe, Walter Ruttmann, ya haɗa fim na kusan minti 11 mai suna Wochenende wanda ko hoto ɗaya babu. Ƙarar injina a Berlin, a tashi daga aiki ranar Asabar, ƙararrawar coci da hutun Lahadi, sai Litinin aiki ya dawo. A kan zaren fim ya ɗauki sautin, ya yanka ya jona yadda ake yi wa hoto, kuma labarin ya fita.

To mu me ya hana? Mu da muka tashi da wasan kwaikwayon rediyo, ƙarar ƙofa kaɗai ta ishe mu mu san maigida ya shigo a fusace.

Ka ɗauki mace zaune a falo da dare tana jiran miji, kamara wuri ɗaya, ba ta cewa uffan. An ɗauke wuta, fanka na rage gudu har ta tsaya, janareton maƙwabta ya tashi, babur ya doso layin ta ɗago kai, ya wuce bai tsaya ba, ta mayar da murfin kular abinci. Wallahi wannan ya fi mini shafi biyar na hira, kuma ko sisi ba a kashe wa mawaƙi ba.

Na san da wahalarsa. Makirfon waya yana kwaso iska da hayaniyar unguwa, dole ka koma ka ɗauki takun tafiya da ƙarar cokali daban ka ɗora, har shirun ɗakin ma ɗaukarsa ake yi. Kuma yawancin masu kallo ba sa saƙala komai a kunne, cikin hayaniya suke kallo. Amma dan Allah masu edita, ko a sin ɗaya, wato fitowa ɗaya a fim, ku kashe fiyanon ku saurari abin da ya rage kafin ku yanke hukunci.