Sabiyawa da Kuroshiyawa harshe ɗaya suke yi, amma ku bar kowa da sunan da ya zaɓa

'Yan ƙwallo ku matso kusa. Lokacin da Luka Jovic ya je Real Madrid a 2019 ya tarar da Luka Modric a can, ɗaya ɗan Sabiya ɗaya ɗan Kuroshiya, kuma babu wani tafinta da suke buƙata, kowa zai yi maganarsa yadda ya taso ya ji ana yi a gidansu ɗayan ya gane tsaf. Haka Edin Dzeko ɗan Bosniya da Kolarov ɗan Sabiya, sun zauna tare a Manchester City suka sake haɗuwa a Roma. Amma idan ka duba takardun gwamnatocinsu za a ce maka harsuna daban daban suke yi, na Modric harshen Kuroshiya, na Jovic harshen Sabiya, na Dzeko harshen Bosniya, ga kuma na huɗu can a Montenegro.

Ni dai ra'ayina a fili yake, harshe ɗaya ne mai suna huɗu. Kuma ban ga laifin kowa ya kira nasa da sunan ƙabilarsa ba, wannan haƙƙinsu ne, inda nake da damuwa sosai shi ne inda aka ɗauki bambancin suna aka mayar da shi katanga tsakanin yara ƙanana a makaranta. Zan zo kan wannan, amma bari mu fara daga tushe don kar a ce na yi magana a iska.

A wancan yanki akwai manyan kare-karen harshe guda 3, kuma da kalmar "me?" ake bambanta su. Wasu su ce shto, wasu su ce kaj, wasu su ce cha. Masu kaj suna arewa maso yammacin Kuroshiya wajen Zagreb, masu cha suna bakin teku da tsibirai, masu shto kuwa su ne mafi yawa, sun mamaye Sabiya da Bosniya da Montenegro da babban ɓangare na Kuroshiya. To daidaitaccen harshen da ake koyarwa a makarantun ƙasashen nan huɗu duk a kan shto aka gina shi, duka huɗun. Shi ya sa abin da zan faɗa yanzu yake ba mutane mamaki, karin kaj na ƙauyukan arewacin Zagreb ya fi nisa da harshen Kuroshiya na labaran talabijin fiye da yadda harshen Belgrade babban birnin Sabiya ya yi nisa da shi. Wato ɗan ƙasarka da ke ƙauye zai iya fi maka wuyar ganewa a kan wanda aka ce maka baƙon harshe yake yi.

Kuma ba haka kawai abin ya faɗo daga sama ba, mutane ne suka zauna suka zaɓa. A ɓangaren Sabiya akwai Vuk Karadzic, kar a rikita shi da Radovan Karadzic na yaƙin Bosniya, shi wannan masanin harshe ne da ya rasu tun 1864, ya fitar da ƙamus a 1818, ya ce a daina rubutu da tsohon harshen coci da talaka ba ya ganewa, a rubuta yadda mutane ke magana. A ɓangaren Kuroshiya akwai Ljudevit Gaj, wanda ya gyara haruffan boko a 1830, kuma shi da kansa ɗan yankin kaj ne amma ya juya jaridarsa zuwa shto a 1836 saboda yana son abin da zai haɗa mutane da yawa. Sai a 1850 wasu marubuta da masana na ɓangarorin biyu suka haɗu a Biyana babban birnin Ostiriya suka sa hannu a wata yarjejeniya cewa harshen adabi ya zama ɗaya. Ba gwamnati ce ta tilasta musu ba, a lokacin ma babu wata ƙasa mai suna Yugoslabiya, suna ƙarƙashin daular Ostiriya da ta Turkawa ne, haɗuwar tana ba su ƙarfi.

Bambanci fa akwai, ba zan ɓoye ba. Na farko rubutu, Kuroshiyawa boko kawai suke yi, Sabiyawa kuma a hukumance haruffan Sirilik irin na Rasha ne nasu, tsarin mulkinsu na 2006 ma haka ya ce, amma a titi da waya da intanet suna rubutu da boko sosai, haruffa 30 nan 30 can kuma kowane yana da takwaransa, yaron Belgrade duka biyun yake karantawa. Na biyu furuci, madara a Belgrade mleko ce a Zagreb mlijeko, kogi reka da rijeka, sai dai ko wannan ba ya bin ƙabila domin Sabiyawan Bosniya irin na Zagreb suke furtawa. Na uku kalmomi, burodi hleb da kruh, jirgin ƙasa voz da vlak, ƙwallon ƙafa fudbal da nogomet. Kuroshiyawa suna son ƙirƙirar kalma daga cikin gida maimakon aro, har sunayen watanni nasu ne na gargajiya, Sabiyawa kuma ba su damu ba su ari kalmar Turai su yi amfani da ita. Musulmin Bosniya nasu ya fi cika da kalmomin Turkanci da Larabci saboda ɗaruruwan shekaru da suka yi ƙarƙashin Turkawa, kuma su ma suna da ajaminsu, sun daɗe suna rubuta wannan harshe da haruffan Larabci, suna kiran rubutun arebica.

Duk wanda ya taɓa zama da ɗan Maraɗi ko ɗan Damagaram ya san irin wannan. Shi ya ce lakwal kai ka ce makaranta, kalmomin aronsa na Faransanci naka na Ingilishi, hukumarsa daban taka daban, har rubutun ma akwai ɗan bambanci, amma ba wanda zai tashi ya ce ba Hausa yake yi ba. Nahawu ɗaya, ginin jimla ɗaya, yawancin kalmomi ɗaya.

To idan haka ne me ya kawo rigima? Nan ne nake son mu yi adalci, domin masu dariya suna cewa wai mutanen nan ba su da aikin yi ba su san abin da ya wakana ba. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Abin da ya raba su tun asali addini ne da daular da kowa ya zauna a ƙarƙashinta, Sabiyawa Kiristocin Otodoks, Kuroshiyawa 'yan Katolika, Bosniyak kuma Musulmi. Da aka haɗa su a Yugoslabiya, Belgrade ce babban birni, a nan mulki yake, kuma a soja da manyan ofisoshin tarayya irin maganar Sabiya ce ta fi tafiya. An yi wata yarjejeniya a Novi Sad a 1954 aka ce harshe ɗaya ne mai salo biyu, amma marubutan Kuroshiya da yawa suka ga a aikace nasu salon ne ake dannewa, ana yi wa kalmominsu kallon na ƙauye ko na masu son a raba ƙasa. A 1967 cibiyoyin ilimi da marubuta na Kuroshiya suka fitar da sanarwa suna neman a amince da harshensu da sunansa, har babban marubucinsu Miroslav Krleza ya sa hannu, gwamnatin Tito shugaban Yugoslabiya kuma ba ta ji daɗin abin ba ko kaɗan. Don haka idan Bakuroshiye ya ji an ce "ai harshe ɗaya ne", abin da kunnensa ke jiyo masa shi ne "ai ku ma namu ne, ba ku da wani abu na kanku". Wallahi na fahimci wannan tsoron.

Su ma Sabiyawa suna da nasu tabon. A lokacin yaƙin duniya na biyu gwamnatin Ustasha da ta mulki Kuroshiya daga 1941 zuwa 1945 tare da goyon bayan Hitila ta haramta haruffan Sirilik, ta shiga wanke harshe daga duk kalmar da ake ganin ta Sabiya ce, kuma ta kashe dubban Sabiyawa da Yahudawa da 'yan ƙabilar Romani da ake kira Gypsy a sansanin Jasenovac. Sannan yaƙin wargajewar Yugoslabiya na 1991 zuwa 1995 ya zo ya ƙara gishiri a miki, aka rugurguza garin Vukovar na Kuroshiya a 1991, aka yi kisan ƙare dangi a garin Srebrenica na Bosniya a Yulin 1995 inda aka kashe maza da samari Musulmi sama da 8,000. Ku lura fa, waɗanda suka kashe da waɗanda aka kashe suna jin maganar juna kalma da kalma, babu wanda ya mutu saboda rashin tafinta. Shi ya sa ba na yarda da masu cewa da an ce harshe ɗaya ne sai zaman lafiya ya zo, jin magana daban, jin tausayi daban. A 2013, shekarar da Kuroshiya ta shiga Tarayyar Turai, aka sa alluna masu haruffan Sirilik a ofisoshin gwamnati a Vukovar saboda doka ta ce idan tsiraru sun haura kashi ɗaya cikin uku na gari suna da wannan haƙƙin, mutane suka fito da guduma suka farfasa allunan. Ba na goyon bayan fasawar, doka doka ce kuma Sabiyawan garin 'yan ƙasa ne, amma na san ba harafi suke duka ba, abin da suka gani a 1991 ne.

Saboda wannan tarihin ne na ce a bar kowa da sunansa. Mutumin da aka kashe masa uba ba za ka zo da littafin nahawu ka ce dole ya kira harshensa da sunan da ba ya so ba. Amma suna daban ne, ƙaryata abin da kunne ke ji kuma daban. A Bosniya kwalin taba sigari gargaɗin "shan taba yana kisa" sau uku ake rubuta shi, biyu da boko harafi da harafi iri ɗaya, na ukun da Sirilik, kalmomin dai su ne. A 1999 an nuna wani fim na Sabiya a Zagreb aka sa masa fassara a ƙasa, 'yan kallo suka dinga dariya saboda abin da suke ji shi ne suke karantawa. Kotun duniya ta Hague da ta yi shari'ar yaƙin ba ta raba tafintoci gida uku ba, harshe ɗaya ta ɗauke shi ta haɗa sunayen uku. Ivo Andric da ya ci kyautar Nobel a 1961 an haife shi a Bosniya, iyayensa Kuroshiyawa 'yan Katolika, ya yi manyan rubuce-rubucensa a Belgrade da salon Sabiya, to wa zai ce shi kaɗai ne mai shi? Mutanen yankin da ke zaune a Jamus da Ostiriya kuwa sun samo wa kansu mafita tuntuni, idan sun haɗu sai su ce "harshenmu" kawai, ba a ambaci sunan kowa ba.

A 30 ga Maris 2017 aka gabatar da wata sanarwa a Sarayebo babban birnin Bosniya, masana da marubuta da 'yan jarida daga ƙasashen huɗu suka sa hannu, daga baya dubban mutane suka bi. Abin da ta ce kusan shi ne abin da nake faɗa, harshe ɗaya ne mai cibiyoyi da yawa kamar Ingilishi ko Jamusanci, kowace ƙasa tana da ikon daidaita nata ta kira shi yadda take so, babu salon da ya fi wani. Masaniyar harshe Snjezana Kordic, ita kanta Bakuroshiya ce, littafinta na 2010 kan harshe da kishin ƙabila yana cikin abin da ya share fagen wannan, kuma ta sha suka a gida ba kaɗan ba. Manyan 'yan siyasa musamman a Zagreb suka yi watsi da sanarwar, wasu suna ganin dabara ce ta dawo da Yugoslabiya ta bayan gida. Ni ban ga haka a ciki ba.

Yanzu ga abin da ya sa na zauna na yi wannan dogon rubutun. A wasu sassan Bosniya akwai tsarin da suke kira makaranta biyu ƙarƙashin rufi ɗaya, makarantu sama da 50 ne abin ya shafa. Gini ɗaya ne, amma yaran Bosniyak daban yaran Kuroshiyawa daban, wani wuri ƙofar shiga ma daban, ko a raba musu lokaci waɗannan da safe waɗancan da rana, shugabannin makaranta biyu, littafin tarihi biyu, kuma babbar hujjar da ake kafawa ita ce kowane yaro yana da haƙƙin a koyar da shi da harshensa. An faro shi ne bayan yaƙi a matsayin na wucin gadi don iyalan da suka gudu su samu ƙwarin gwiwar dawowa gida, wannan na gane, amma na wucin gadin ya zauna daram. Kotun ƙolin Tarayyar Bosniya ta ce wariya ce tun 2014 amma aiwatarwa ta gagara. A ɓangaren Sabiyawan Bosniya kuma iyaye Musulmi sun sha fama da hukumomin da ba sa yarda a rubuta "harshen Bosniya" a takardar sakamakon yaransu, wato a can sunan ake hana su, a nan kuma da sunan ake raba yara. Duka biyun zalunci ne a wurina.

Yaron da aka haifa shekaru da yawa bayan yaƙi, bai ga komai ba, bai kashe kowa ba, maƙwabcinsa yana cewa kahva shi yana cewa kava duk kofi ɗaya suke nufi, sai a ce ba za su zauna a benci ɗaya su koyi lissafi ba? Wa wannan ke amfana in ba jam'iyyun da ƙuri'arsu ta dogara da tsoron juna ba? A garin Jajce na Bosniya a 2016 hukuma ta shirya buɗe sabuwar sakandare don a ware ɗaliban Bosniyak daga na Kuroshiyawa, ɗaliban da kansu, na ɓangarorin biyu, suka fito titi suka ce ba su yarda ba, suka shekara guda suna wannan fafutuka har aka janye shirin a 2017, a 2018 kuma ƙungiyar tsaro da haɗin kan Turai ta OSCE ta ba su lambar yabo. Babu ɗayansu da aka ce ya canza sunan harshensa ko addininsa kafin su zauna aji ɗaya. Sai dai makarantun firamare na wasu garuruwan yankin har yanzu a rabe suke, kuma a firamare ne yaro ke fara koyon wane ne nasa wane ne ba nasa ba.