Jarumin fim ɗin faɗa daga faɗuwa yake farawa

Tun da aka sake buɗe gidajen silima a Saudiyya a 2018, samarinmu na Jidda da Makka da dama suka shiga ɗaukar faɗa da waya suna ɗorawa a TikTok. Sha'awar ba laifi ba ce. Kuskuren shi ne kowa so yake ya zama mai duka, babu mai son koyon shan dukan, alhali a nan sana'ar take.

A duba Jaki Chan, wanda ya zo bikin finafinai na Jidda a 2022. Shekara goma ya yi a makarantar wasan gargajiya ta Hong Kong yana koyon tsalle da alkafura, sannan ya fara aiki a matsayin wanda ake jefarwa a finafinan Burus Li na 1972 da 1973. Sunan jarumi daga baya ya zo.

Naushin fim ba ya taɓa fuska. Yana wucewa ne da tazarar kamar taƙi guda, kyamara kuma tana bayan kafaɗar ɗayansu don ta ɓoye tazarar. Wanda aka kai wa naushin shi ke sa mai kallo ya yarda: ya juya kai daidai lokacin da hannu ya gifta. In ya riga, ƙarya ta fito. In ya makara, hanci ya fashe. Shi ya sa ake yanka faɗan guntu-guntu, motsi huɗu ko biyar, a maimaita a hankali har jiki ya haddace kafin a ƙara sauri.

Faɗuwa ta fi wuya. A manne haɓa a ƙirji don kada ƙeya ta bugi ƙasa, a sauka da faɗin baya, a fitar da numfashi. Mai tokare ƙasa da tafin hannu, wuyan hannunsa ne zai karye. Daga wuri mai tsayi kuwa, kwalaye marasa komai a ciki ake jerawa hawa-hawa, domin suna lotsewa su shanye nauyi. Katifar ɗaki a kan tayil ba ta wannan aikin.

Ko gwanin ma bai tsira ba: reshen bishiya ya karye da Jaki Chan wajen ɗaukar wani fim a Yugoslabiya, ƙoƙon kansa ya fashe, sai da aka yi masa tiyata. A ɗauka ta biyu ne ma abin ya faru, ta farko lafiya lau ya sauka.