Ruwan da bai sauka a ƙofar gidanka ba

Jiya da la'asar ina zaune a shagon wani abokina a Ƙofar Ƙaura cikin birnin Katsina, gabas ta yi baƙi ƙirin. Iska ta taso tana kwasar ledoji, mai shayi ya fara tattara kofuna, 'yan acaɓa suka watse. Can sai hadarin ya baje, ko ɗigo. Wani dattijo ya kaɗa kai ya ce, "Ai na faɗa muku, masu hasashen yanayin nan ƙarya suke yi." Ba a yi minti ashirin ba ƙanena ya kira daga Batagarawa, wai ruwa ake yi kamar da bakin ƙwarya.

Baba, ka yi haƙuri, ba su yi ƙarya ba. In NiMet, hukumar hasashen yanayi ta ƙasa, ta ce akwai yiwuwar ruwa da tsawa a Katsina, ba alkawari ta yi wa ƙofar gidanka ba. Hadarinmu haka yake, daga gabas yake tahowa, galibi da yamma ko cikin dare, ya jiƙa wannan gona ya tsallake ta maƙwabci. Masu cewa an shiga gaibu kuwa, kakanninmu ma duba gabas suke yi kafin su fita da iri, ba wanda ya kafirta su.

Inda nake ganin laifin masu sanarwa shi ne haɗa jihar baki ɗaya a kalma guda. Iskar damina daga Tekun Atlantika take hawowa a hankali, shi ya sa Funtuwa kan yi shuka Daura da Mai'aduwa suna jiran ruwan farko. Manomin Zango ya ji an ce "Katsina", ya binne gero, rana ta cinye. Gobe me zai sa ya saurare ku?

Batun zafi ma haka. A Afrilu da Mayu ma'auni kan haura digiri 40, amma sanarwar tana can da Turanci a waya, mai azumi da mai tura baro ba su gani ba.

Mun ga ambaliyar da ruwan dare ɗaya ya jawo a Jibiya a Yulin 2018. A riƙa karanta hasashen da Hausa a rediyo kowace safiya, shiyya-shiyya: Katsina daban, Daura daban, Funtuwa daban.