Matar Gwamna a Fim: Ina Auren Ya Shiga?

Makon jiya a gidan yayata da ke Anguwar Rogo a nan Jos, muna kallon wani fim mai dogon zango, sai aka nuno matar gwamna ta lulluɓe fuska da gyale ta shiga ɗakin boka, tana neman a mallake mata maigida saboda kwangila. Yaya ta ja tsaki ta ce, "Kai dai duba, matan manya a fim in ba wajen boka suke ba, to suna kan darduma suna kuka."

Gaskiya ta faɗa, kuma abin yana ci mini tuwo a ƙwarya. Auren kansa ba ya fitowa. Ana nuna mana anko a dandalin kamfe, miji da mata sun ɗaga hannu ana guɗa. Amma in an rufe ƙofar mota fa? Wa ya yi shiru, wa ya sa aka soke sunan wane daga jerin kwamishinoni, wa ta haɗiye fushinta don zaɓe ya ƙarato?

Alhali tarihinmu bai rasa abin ɗauka ba. A 1987 Maryam Babangida ta kafa shirin Better Life na matan karkara, ta mayar da matsayin uwargidan shugaban ƙasa ofis mai ƙarfin faɗa-a-ji. A Oktoban 2016 Aisha Buhari ta shaida wa BBC Hausa cewa wasu tsiraru sun ƙwace gwamnatin mijinta, marigayi Buhari kuma ya mayar da martani daga Berlin, shugabar gwamnatin Jamus ta lokacin, Angela Merkel, na tsaye a gefensa, ya ce wurin matarsa kicin ne da falo da ɗaya ɗakin. Duniya ta yi ta surutu. Ni kuwa abin da na gani shi ne aure na gaske, da ƙauna da saɓaninsa, ya leƙo ta tsagar labule.

Na san masu shirya fim na tsoro, kuma wasunsu a hannun 'yan siyasa suke samun na cefane. Amma ba sai an ambaci sunan kowa ba. Nan Jos Hukumar Fina-finai ta Najeriya take, har da makarantar horar da matasa. Cikin ɗalibanta nake fata wani ya rubuta mana labarin mace irin Turai 'Yar'aduwa, wadda ta yi jinyar mijinta a Jidda daga Nuwamban 2009 zuwa Fabrairun 2010, ƙasa na zarginta da riƙe mulki, ita kuma tana zaune a gefen gadon asibiti.