An Ba Auta Ban

(Auta ya zuba wa waya ido, ya yi tagumi. Kawu Na-Sani ya shigo, Ɗan Dabara na biye da shi. Yaya tana gefe da kwamfuta a cinya.)

AUTA: Shi ke nan, Kawu. Sun ba ni ban.

KAWU: Wane ban? Ban haƙuri ko ban tsoro?

AUTA: Ban na wasa. Sun rufe min asusu. Shekara uku ina tara makamai da kaya, yau na wayi gari ƙofa a garƙame.

KAWU: Au, ban kwana ke nan.

AUTA: Kuma wallahi ban yi komai ba.

YAYA: Ga ban na biyu ya fito. Duk wanda aka rufe, da wannan yake buɗe baki.

KAWU: Bar ta, yaro. Rubuta abin da zan faɗa maka. "Zuwa ga shugaban kamfani. Ku sani cewa kun taɓo gidan rina. In awa ashirin da huɗu ta cika ba ku buɗe ba, lauyana zai..."

YAYA: Kawu, kana da lauya?

KAWU: Su sun san ba ni da shi?

YAYA: Allah ya ba ka haƙuri, wannan takarda ita ce mafi saurin kashe magana. A kamfanoni da yawa, ma'aikacin da ke amsa ƙorafi da ya ga an ambaci kotu sai ya tsame hannunsa, ya miƙa wa sashen shari'a. Su kuma can ba buɗe asusu ne aikinsu ba. Kuma ranar da Auta ya danna "na yarda" bai karanta ko layi ɗaya ba, ya yarda cewa izinin amfani aka ba shi, suna iya janyewa in ya karya doka.

KAWU: Ashe haya muke ciki.

YAYA: Haya. Auta, kafin komai karanta min saƙon da suka turo, kalma bayan kalma. Ban ba iri ɗaya ba ne. Akwai wanda bakinka kawai ake ɗaurewa, kana wasa amma ba hira. Akwai dakatarwa ta kwanaki, kamar kwana 14 da League of Legends ke bai wa mai zagi kafin a kai ga rufewa ta dindindin. Akwai wanda na'urar kanta ake yi wa alama, ko ka buɗe sabon asusu a gane ka. Akwai kuma wanda ba a yanke hukunci ba tukuna, ana bincike, kamar yadda Call of Duty ke ware mutum ya riƙa haɗuwa da waɗanda ake zargi kawai. Wannan na ƙarshe jira ake yi, don babu hukuncin da za ka ɗaukaka ƙara a kansa.

AUTA: Sun ce an rufe har abada, saboda amfani da manhajar da ba a yarda da ita ba.

ƊAN DABARA: Kai, ba ka yi sa'a ba. Da PUBG Mobile ne, shekara goma kawai za su ba ka.

KAWU: Kawai? Ya dawo da 'ya'ya uku da ciwon baya.

YAYA: Sai tambaya ta biyu, wa ya rufe? Kamfanin wasan ne, ko dandalin da kake shiga ta kansa kamar Steam ko Xbox ko PlayStation, ko manhajar kama maguɗi irin su BattlEye da Easy Anti-Cheat, ko kuwa mai kula da wata saba ce, wato ɗaya daga cikin zaurukan da ake haɗuwa a yi wasan, ya kore ka daga tasa kawai? Kowanne da ƙofarsa. Ka kai kukan wannan wurin wancan, a ce maka ba nan ba ne, mako guda ya tafi a banza. Wata ƙofar ma bango ce aka yi wa fenti. Wanda VAC ya kama, wato mai kama maguɗi na Valve, kamfanin da ya mallaki Steam, ma'aikatan Steam ba sa cire masa, ko da ya ce wani ne ke riƙe da asusun. Sai in su da kansu sun gano kuskure, su janye ba tare da ka roƙa ba.

KAWU: To na'ura ce Allah, da ba ta kuskure?

YAYA: Tana yi. A 2010 VAC ya rufe kusan mutum 12,000 masu buga Modern Warfare 2 ba da laifinsu ba, Valve ta janye, ta ba da haƙuri, har da kyautar Left 4 Dead 2. A Oktoban 2023 kuma wani sabon direban katin hoto na AMD mai Anti-Lag+, wato manhajar da ke sarrafa katin a kwamfuta, ya jawo wa masu Counter-Strike 2 ban, saboda yana taɓa cikin wasan yadda manhajar maguɗi ke taɓawa. Shi ma an warware. Amma lura, irin wannan kuskure ba ya zuwa wa mutum ɗaya. Za ka ga jama'a da yawa suna kuka rana ɗaya, duk da na'ura iri ɗaya ko sabuntawa iri ɗaya. Na duba, yau Auta kaɗai ke kuka.

AUTA: Jiya da dare lafiya lau na yi wasa, Yaya. Ko mutum biyu ban kashe ba.

KAWU: Wannan kam shaida ce. Duk wanda ya ga wasan yaron nan ya san ba ya maguɗi.

YAYA: Manta da jiya. Sau da yawa ba a rufewa ranar da aka kama. Sukan bari kwanaki ko makonni su wuce, sannan su share jama'a a tashi ɗaya, don masu ƙera manhajar maguɗi kada su gane abin da ya tona musu asiri. Shi ya sa ko ka yi birgima ba za su nuna maka hujjarsu dalla-dalla ba. Koma baya wata guda. Me ka sa a na'urar? Manhajar da ke ƙara wa wasa santsi ko cire ciyawa? Wadda ke danna maɓalli da kanta? Ka buɗe cikin wayar ka yi mata rut? Ka sauke wasan daga wani wuri da ba shagon manhaja na hukuma ba?

AUTA: Ko ɗaya.

YAYA: Wa ya san kalmar sirrinka?

AUTA: Ba kowa. Daga ni sai zuciyata.

KAWU: Ba sunanka da shekarar haihuwarka ba ne?

ƊAN DABARA: A'a Kawu, ya sauya. Ya ƙara alamar motsin rai a ƙarshe.

(Shiru. Yaya ta rufe kwamfuta a hankali.)

YAYA: Miƙo wayar, in ga imel ɗinka. Saƙo dubu huɗu ba a buɗe ba, Auta, kai da akwatin nan gaba kuke yi? Yauwa, ga shi. Kwana goma sha tara da suka wuce, "an shiga asusunka daga sabuwar na'ura", a wata ƙasa, ƙarfe uku na dare. Ga wani washegari. Ga na uku. Ka yi tafiya ne ba mu sani ba?

AUTA: Na ɗauka talla ce.

YAYA: Kafin wannan ranar, ina ka rubuta sunan asusunka da kalmar sirri?

AUTA: Sai dai shafin nan na lu'ulu'u kyauta, wanda Ɗan Dabara ya turo min.

ƊAN DABARA: Ni ma turo min aka yi! Kuma shafin har da tambarin wasan.

YAYA: Lu'ulu'un ya zo?

AUTA: Sun ce a jira awa saba'in da biyu.

KAWU: To ai ga shi ya zo, har abada.

YAYA: Shafin tarko ne. Sun kwashe bayananka, wani ya shiga da manhajar maguɗi ya yi ɓarna da sunanka. Abin haushi ne, amma yanzu muna da abin faɗa wanda ya fi "wallahi". Sai dai kafin ƙara, a toshe ɓaraka. Imel ne farko, don duk wanda ke riƙe da shi yana iya sake kalmar sirrin wasan ko sau nawa ka sauya. Sabuwar kalma mai tsawo, wadda ba ka amfani da ita a ko'ina. Ka fitar da duk na'urorin da ke ciki. Ka kunna tabbatarwa mai mataki biyu, ta manhajar lambobi ta fi ta saƙon tes. Ka duba asusun da aka haɗa da wasan, Facebook ko Google ko Apple, ka cire wanda ba ka sani ba. Sannan a bincike na'urar ko an dasa mata wani abu. In ba ka yi haka ba, su buɗe yau ɓarawo ya koma gobe, kuma ba mai saurarenka karo na biyu.

ƊAN DABARA: Wannan hanya ta yi tsawo. Kawai ka ce ƙanenka ne ya ɗauki wayar.

AUTA: Sunana Auta fa.

ƊAN DABARA: Su sun sani?

YAYA: Ku biyun nan malaminku ɗaya da Kawu. Ba wa wani asusu shi kansa karya doka ne a yawancin wasanni. Ka je wanke kanka daga laifi ɗaya, ka sa hannu a kan wani. Kuma suna da rajistar kowace shiga, da na'ura da lokaci da wuri. Ƙarya ɗaya suka kama, gaskiyar da ke cikin takardar ma ta mutu.

ƊAN DABARA: To akwai wani da na sani a intanet, ɗan ciki ne, yana buɗewa cikin awa ɗaya. Kuɗi kaɗan da kalmar sirri kawai yake karɓa.

YAYA: Wataƙila ma shi ne mai lu'ulu'un, ya dawo kwashe saura. Ma'aikacin gaskiya ba ya tambayar kalmar sirri, kuma ɗaukaka ƙara ba a biyan ko sisi.

KAWU: Ni ga tawa. A kira banki, a ce su dawo da duk kuɗin da yaron ya kashe a wasan. Su ma su ji a jikinsu.

YAYA: Wannan ita ce ƙusa ta ƙarshe. Janye kuɗi ta banki dalilin rufewa ne mai zaman kansa. PlayStation na dakatar da asusu a kan haka har sai an biya bashin. Sabon asusu da VPN mai ɓoye inda kake ma kada ka soma yanzu, gudun hukunci suke kiransa, kuma in na'urar aka yi wa alama sabon zai bi tsohon.

AUTA: To me zan rubuta?

YAYA: Ta shafin taimako na kamfanin za ka shiga, ka rubuta adireshin da hannunka, ka zaɓi sashen ɗaukaka ƙara, da imel ɗin da aka buɗe asusun da shi. Gajere, kada ya wuce abin da mutum zai karanta a minti ɗaya, don wanda zai duba yana da tuli a gabansa. Sunan asusu da lambarsa. Ranar da aka rufe da dalilin da suka rubuta, yadda suka rubuta shi. Sai abin da ya faru bi da bi: rana kaza na sa bayanaina a shafin bogi, ga adireshinsa, rana kaza da kaza aka shiga daga ƙasar da ban taɓa zuwa ba, ga hoton saƙonnin. Sai shaidar cewa asusun naka ne: lokacin da ka buɗe shi, irin na'urar da ka saba shiga da ita, da rasit ɗin sayayya mafi tsufa mai lambar ciniki. Sai matakan tsaron da ka ɗauka yau. Ka rufe da roƙo ɗaya, a gwada rajistar shiga da lokacin da aka yi maguɗin.

AUTA: In rubuta cewa na faɗa tarko? Za su ce ni wawa ne.

KAWU: Sirrin da kowa ya sani.

YAYA: Wawa ana iya buɗe masa, mai maguɗi ba a buɗewa. Zaɓi ɗaya.

KAWU: A ƙara da cewa ya kashe kuɗi masu yawa, kuma maraya ne.

AUTA: Kawu, Baba na ɗaki yana barci.

YAYA: Yawan kuɗi ba hujja ba ne, tausayi ma haka. Da a ce zagi ne ya jawo, da sai in ce ka amsa laifi kai tsaye ka nemi sassauci, don hirar tana ajiye a wurinsu. A Xbox ma tun 2023 maki ake tarawa, takwas suka cika a dakatar da kai shekara guda daga hira da wasa da jama'a, kowane maki kuma wata shida yake yi a kanka.

ƊAN DABARA: To mu tura sau hamsin, dole wani ya gani.

YAYA: Sau ɗaya. Maimaici haɗe su ake yi ko a rufe, wani wurin ma ya mayar da kai ƙarshen layi. Ka adana lambar tikitin, wato lambar ƙorafin da za su ba ka. Amsar farko ta na'ura ce. Ta mutum tana iya ɗaukar kwanaki, wani lokaci makonni. In sun ƙi, kuma kana da sabuwar shaida, ka amsa a cikin tikitin nan dai. In suka ce hukuncin ƙarshe ne, to na ƙarshen ne, don akwai kamfanonin da ke cewa tsaron asusu a wuyan mai shi yake. Ban yi maka alkawari ba.

KAWU: Ban na uku.

(Auta ya gama rubutu, ya tura. Nan take waya ta yi ƙara.)

KAWU: Kun gani! Sun tsorata! Ko minti ɗaya ba a yi ba!

YAYA: "Mun karɓi saƙonka" suka ce, Kawu. Auta, ka sauya kalmar sirrin kuwa?

AUTA: Tun ɗazu. Doguwa, harafi ashirin.

YAYA: Mece ce?

AUTA: Babban baƙi na farko, sai...

YAYA: Auta!

ƊAN DABARA: Ki bar shi ya ƙarasa mana, Yaya, biro ya riga ya hau takarda.